Kwana Biyar a Bayan Karnuka: Yadda Ake Tafiyar Amalanken Ƙanƙara a Arewacin Suwidin

Wanda bai taɓa tsayawa a farfajiyar karnukan ja da safe ba, lokacin da ake ɗaura musu igiya, ba zai gane irin hayaniyar wurin ba. Karnuka talatin ko arba'in, kowanne yana haushi yana tsalle, yana fizgar igiya kamar zai tsinka ta. Sai jagora ya ɗaga hannu, ka zare ƙugiyar da ke riƙe amalankenka daga cikin ƙanƙara, amalanke ya fizge ka gaba, nan take kuma wuri ya yi tsit. Ba ka jin komai sai numfashinsu da ƙarar zamiyar amalanke a kan dusar ƙanƙara. Na yi irin wannan tafiya ta kwana biyar a dajin da ke kewaye da Kiruna, cikin watan Maris, lokacin ina karatu a kudancin Suwidin. Tun daga nan 'yan uwa da ke zaune a Turai suke tambayata yadda ake yi, wasu da sha'awa, wasu da fargaba, shi ya sa na ga gara in rubuta shi gaba ɗaya.

Abu na farko da nake so ya zauna maka a rai shi ne, wannan ba yawon buɗe ido ba ne da za a ɗauke ka a zaunar da kai. Akwai irin wancan, na awa biyu, inda ake lulluɓe mutum da bargo wani ya tuƙa shi. A tafiyar kwanaki kuwa, kai ne mai tuƙa amalankenka, za a danƙa maka karnuka huɗu zuwa shida, kai za ka ɗaura su, ka kwance su, ka ɗebo musu ruwa, ka ciyar da su kafin ka sa loma a bakinka. Amana ce ake ba ka ta masu rai. Duk sauran shirin da zan lissafa, daga tufafi har takardu, domin ka iya sauke wannan amanar ne ba tare da kai ma ka zama kaya a wuyan jama'a ba.

Wuri da lokaci

Kiruna tana can ƙuryar arewacin Suwidin, kimanin kilomita 145 arewa da layin Aktik, wato iyakar yankin ƙuryar arewacin duniya. Gari ne na haƙar tama, har ma haƙar ta sa ana ta ɗauke tsakiyar garin ana mayar da shi gabas. A watan Agustan 2025 aka ɗauki tsohon cocinsu na katako ɗungurungum aka kai shi sabon wuri. Daga Stockholm jirgin sama awa ɗaya da rabi ne. Jirgin ƙasa na dare kuma yakan ɗauki awa 15 zuwa 17, kuma ni shi na fi so, domin jikinka yana ganin sanyin yana ƙaruwa sannu a hankali ta taga. Yawancin gidajen karnuka suna ƙauyukan da ke gefen kogin Torne da kogin Kalix, irin su Jukkasjärvi, inda wani otal da ake ginawa da ƙanƙara yake, kilomita 17 daga gari. Hanyoyin wannan yanki cikin kurmi ne da kan daskararrun tafkuna da koguna, ba su da tsananin hawa. Masu son duwatsu su kan nufi wajen Abisko da Nikkaluokta, kusa da Kebnekaise, dutsen da ya fi kowanne tsawo a ƙasar. Can a saman duwatsun babu bishiya, iska tana da ƙarfi, hawa da gangara sun fi yawa. Idan karon farko ne, ka zaɓi kurmi.

Lokaci kuwa shi ne rabin shawarar. Daga wajen 11 ga Disamba zuwa farkon Janairu rana ba ta fitowa kwata-kwata a Kiruna, sai wani haske mai shuɗi-shuɗi na 'yan awoyi da tsakar rana. Janairu da Fabrairu su ne tsakiyar sanyi, ma'auni yakan sauka zuwa 30 a ƙarƙashin sifili, wani lokaci ya wuce. Ga wanda ya tashi da sanyin hunturun Kano ko Damagaram a matsayin ƙarshen sanyi, ba na ba da shawarar ya fara da waɗannan watanni. Maris shi ne lokaci. Rana ta dawo, wajen 20 ga wata dare da yini sun daidaita, hanya ta taku ta yi ƙarfi, sanyin yini yana da sauƙi duk da cewa dare yana nan da cizonsa, kuma har yanzu akwai isasshen duhu da za ka ga hasken arewa, wani haske mai launi da ke bayyana da dare a can, yana rawa a sama in an yi dace. Sai dai ka duba kalandar Musulunci kafin ka biya kuɗi, domin a 'yan shekarun nan azumi yana faɗowa cikin wannan lokaci; a 2027 ana sa ran zai kama daga wajen 8 ga Fabrairu zuwa farkon Maris. Aikin yana cin ƙarfi da ruwan jiki, gara ka sa tafiyar bayan Salla.

Wa za ka bi

Kada ka zaɓi kamfani da kyawun hoto. Ka rubuta musu, ka yi tambayoyi, ka lura da yadda suke amsawa. Mutum nawa jagora ɗaya yake ɗauka? In sun haura shida ko bakwai, ka nemi wani. Kowa da amalankensa ne ko mutum biyu ke raba ɗaya? Kilomita nawa ake yi a yini? Abin da aka saba shi ne 25 zuwa 50. A ɗakunan katako ake kwana ko a tanti? Wane kaya suke bayarwa? Me jagora yake riƙe da shi na kiran agaji inda babu sabis ɗin waya?

Sannan ka tambayi halin karnukan, kada ka ji nauyi. A Suwidin mai sana'a da karnuka sai ya sami izini daga hukumar lardi, kuma doka ba ta yarda a ajiye kare ɗaure da sarƙa dindindin ba, shi ya sa za ka ga gidajensu shingaye ne masu ɗakuna. Ka tambaya kwana nawa kare yake hutawa tsakanin tafiya da tafiya, me suke yi da su da bazara lokacin da babu ƙanƙara, kuma ina tsofaffin suke ƙarewa. Mai gaskiya zai amsa maka da tsawo, har ya gaya maka abin da ba ka tambaya ba. Wanda ya yi ta kwana-kwana, kuɗinka bai kamace shi ba. Kuɗin kuwa ba kaɗan ba ne, tafiyar kwana huɗu ko biyar tana haura krona 10,000 na kuɗin Suwidin nesa ba kusa ba, ban da jirgi da masaukin gari. Kuma guraben Maris sukan cika tun watanni kafin lokaci.

A wannan wasiƙar ce za ka faɗi zancen abinci. Ka rubuta ƙarara cewa ba ka cin naman alade, ba ka shan giya, kuma ba a sa maka ita a girki. Alade yana ɓoye cikin tsiran alade da yankakken naman da suke sawa a burodi da safe. Hanya mafi sauƙi ita ce ka ce kifi da ganye kake ci. Kifinsu na ruwan sanyi, salmon da wani da suke kira röding, ba ka da abin da za ka yi kewa. Ana ɗaukar abincin kwanakin ne gaba ɗaya a kan amalanke, in ba ka faɗa da wuri ba babu kanti a daji. Ka ƙara da guzurinka na dabino da gyaɗa. Kilishi da dambun nama kuwa ba a yarda a shigo da su Tarayyar Turai daga waje ba, kada ka jawo wa kanka tsaiko a filin jirgi.

Lafiya da takardu

Mai zuwa daga Najeriya, Nijar ko Gana yana buƙatar bizar Shengen. Kuɗinta yuro 90 ne tun daga Yunin 2024, kuma dole a haɗa da inshorar lafiya da ta kai yuro 30,000. Kada ka tsaya a kan mafi arha: ka karanta ka ga ko ta ƙunshi tuƙa amalanken karnuka da ɗauko mutum daga daji, domin da yawa suna cire irin wannan. Lambar gaggawa a can 112 ce.

Ba sai ka zama ɗan wasa ba, amma ka iya tsayuwar awa huɗu ko biyar, ka iya gudun 'yan mitoci a kan hawa kana tura kaya. Wata biyu kafin tafiya ka fara tafiyar ƙasa mai sauri da hawa matakala. Akwai kuma magana da ta shafe mu kai tsaye. Mai ciwon sikila, sanyi da ƙishirwa da wahala su ne manyan abubuwan da ke tayar masa da ciwo, kuma duka ukun suna cikin wannan tafiya, ga asibiti da nisa. Ban ga dalilin da zai sa ya jefa kansa ba. Mai asma, mai ciwon suga da mai ciwon zuciya su ga likita tukuna, mai juna biyu kuma yawancin kamfanoni ba sa ɗaukarta. Haka nan binciken da aka yi a kan sojojin Birtaniya da na Amurka ya nuna cewa mutanen da asalinsu Afirka ne sun fi saurin samun raunin sanyi a yatsu. Wannan ba ya hana ka zuwa, yana nufin ka fi abokan tafiyarka kula da hannu da ƙafa, kada ka auna kanka da su.

Tufafi

Kamfani yakan ba da manyan kaya: babbar riga mai haɗe da wando, takalman ƙanƙara, manyan safar hannu, hula da jakar barci. Naka shi ne abin da ke ciki, kuma a nan mutane suke kuskure. Auduga ba ta da wuri a jikinka, ko singileti, ko gajeren wando, ko safa. Auduga tana shan gumi ta riƙe, da ka tsaya sai ta koma sanyi a kan fata. Ka sa ulu a jikin fata, riga da dogon wando, saiti biyu, ɗaya na yini ɗaya na barci. A kai ka ɗora rigar sanyi mai kauri, sai babbar rigar waje. Safa biyu, siririya da mai kauri, duka na ulu, kuma ka karɓi takalmin da ya fi ƙafarka girma da lamba ɗaya ko biyu. Takalmi mai matsewa yana hana jini gudana, iskar da ke kewaye da yatsu ita ce ke riƙe ɗumi.

Hannu yana buƙatar abu biyu: siririyar safar hannu mai yatsu da za ka yi aikin igiya da ita, da babbar mai aljihu ɗaya da ake zura hannun a ciki. Siririyar ka zo da uku, domin kullum tana jiƙewa. Ka zo da abin rufe wuya da fuska, tabarau na rana saboda hasken Maris a kan farar ƙasa yana ƙona ido, tocilan ta goshi, da filas. Waya da batir ka ajiye su a aljihun ciki kusa da ƙirji, sanyi yana shanye caji cikin mintoci, kuma yawancin ɗakunan daji babu lantarki. 'Yar uwa mai sa hijabi, ki nemi hular ulu mai rufe kai da wuya gaba ɗaya, ta wadatar, kuma ta fi mayafi mai lilo aminci, domin duk abin da ke reto yana iya maƙalewa a igiya ko reshe.

Mu masu shafa mai ne, kuma fata tana bushewa sosai a can. Ka shafa man kaɗanya ko basilin da dare bayan an shiga ɗaki. Da safe kada ka shafa mai mai ruwa-ruwa a fuska ka fita, kuma kada ka ɗauka mai yana kare fuska daga cizon sanyi. Abin da ke kare ta shi ne rufe ta.

Zancen kare, tsarki da salla

Na san wannan ita ce tambayar da ke zuciyar mai karatu tun daga sama. Mun tashi muna ganin kare abin nisanta ne, ga shi kuma ana cewa ka rungume shi ka sa masa ɗamara, yana lasar hannunka. A mazhabar Malikiyya da muka tashi a kanta, duk mai rai tsarkakke ne, da guminsa da yawunsa, har da kare. Wanke ƙwarya sau bakwai idan ya yi lallagi a ciki ibada ce da aka umarta, malamanmu ba su ɗauke ta hujjar najasar jikinsa ba. Hadisi kuma ya yi izinin ajiye kare don farauta, kiwo da gadin gona. Sauran mazhabobi suna da wata fahimta, don haka ka zauna da malaminka kafin ka tafi, ka tafi da natsuwa. Abin da babu saɓani a kansa shi ne kashi da fitsarinsu najasa ne, kuma za su taɓa babbar rigarka da takalminka. Abin da na yi shi ne, babbar riga ta zama ta aiki, ina rataye ta a bakin ƙofa, in yi salla da kayan ciki masu tsabta a kan 'yar dardumata.

Alwala a ɗaki ba wahala, ana ɗora ruwa a murhu. A waje ne ba a wasa da ita, jiƙa fuska da hannu a sanyin 20 ƙarƙashin sifili neman rauni ne. Kai matafiyi ne, kana da sauƙin ƙasaru da haɗa salla. A Maris akan isa masauki wajen ƙarfe uku ko huɗu, sai in haɗa Azahar da La'asar a can. Huffi na fata yana taimakawa ƙwarai. In ta kama dole a hanya, Muhtasar na Shehu Halil ya ambaci ƙanƙara cikin abubuwan da ake taimama a kansu. Alƙibla kuma kada ka bi sabo ka fuskanci gabas: daga Kiruna tana kudu ne, ta ɗan karkata gabas, wajen digiri 155 a kan kamfas. Ka rubuta lokutan salla a takarda tun kana gari. Ban ɗaki rami ne a wani ɗan ɗaki na daban, babu ruwa, sai ka tafi da ruwan ɗumi a gora, kuma kada ka bar gorar a can, kafin safiya ta zama dutse.

Ranar farko: sanin amalanke

Amalanken na katako ne ko ƙarfe mara nauyi, yana zamiya a kan dogayen ƙafafu biyu da suka miƙo baya, a kansu kake tsayawa, kana riƙe da mariƙi a daidai cikinka. Tsakanin ƙafafunka akwai birki iri biyu. Ɗaya shimfiɗar roba ce mai ja a ƙasa, kana taka ta don rage gudu. Ɗayan ƙarfe ne mai haƙora, kana taka shi da dukan nauyinka don tsayawa. Sai ƙugiya, wani ƙarfe mai kaifi da ke ɗaure da igiya, wadda ake kafawa a ƙanƙara a taka ta da ƙafa in za a tsaya na ɗan lokaci. Ƙugiyar nan ita ce abu mafi hatsari a jikin amalanke, da ka zare ta ka mayar da ita mazauninta, kada ta yi ta lilo.

Daga gaban amalanke uwar igiya ta miƙe, karnuka suna jere bibbiyu a gefenta, kowanne da igiya daga bayan ɗamararsa da wata gajeriya a wuya. Na gaba su ne jagorori, masu jin umarni da neman hanya. Na kusa da amalanke su ne ƙarfafa, masu ɗaukar nauyin amalanke idan an sha kwana. Kada ka yi mamaki in ka ga ba su yi kama da masu kaurin gashin nan na hoto ba. Yawancinsu irin da ake kira haskin Alaska ne, sirara, kilo 20 zuwa 25, an haife su don gudu mai nisa, 'yan uwan waɗanda ke tseren Finnmark na kilomita 1,200 a Norwe. Jagorar tawagata wata 'yar ƙaramar karya ce baƙa mai farin ƙirji, ita ce mafi ƙanƙanta a cikinsu, amma ko da wasa sauran ba sa ƙetare ta. Ka haddace sunayensu da wurin kowa tun ranar farko, domin jagora ya san wanda ba ya shiri da wani.

Dokokin tuƙi kaɗan ne, ɗaya kuma ta fi duka: kada ka saki mariƙi, ko me ya faru. Karnukan ba sa tsayawa don ka faɗi, za su ci gaba da gudu, amalanke mara direba kuma yana iya afka wa karnukan da ke kusa da shi ya karya su, ko igiya ta shaƙe wani. In ka kife, ka riƙe, ka bari a ja ka, nauyinka zai rage musu gudu har ka samu ka ɗora gwiwa a kan birki. Ta biyu, uwar igiya ta kasance a miƙe kullum. A gangara amalanke ya fi karnuka sauri, don haka ka taka birki tun kafin ka fara sauka, kana kallon igiyar. In ta yi laushi, kana dab da buge su. Ta uku, a kan hawa ka taimaka. Ka sauke ƙafa ɗaya kana tunkuɗa ƙasa, in ya yi tsauri ka sauka ka yi gudu kana turawa, hannunka a kan mariƙi. Za su waiwayo su dube ka in ka bar musu nauyin, kuma suna da gaskiya. Ta huɗu, ka bar tazara tsakaninka da na gabanka, kada ka wuce shi. A kwana ka durƙusa kaɗan, ka karkata nauyinka zuwa cikin kwanar. Umarnin dama da hagu ba naka ba ne, karnukanka suna bin sawun jagora. Abin da suke buƙata daga bakinka shi ne murya mai natsuwa da yabo, tsawa ba ta ƙara musu komai.

A kan hanya

Gudun yini bai wuce kilomita 10 zuwa 15 a awa ba, kuma idonka yana kan karnuka fiye da kan daji. Ka lura da wanda igiyarsa ta yi laushi, wanda ya fara ɗingishi, wanda ƙafarsa ta haye igiya. In ka ga haka ka ɗaga hannu a tsaya. A kan tafki ka bi sawun jagora daidai, domin wani lokaci ruwa yana kwanciya a saman ƙanƙara a ƙarƙashin dusa, ba ka ganinsa sai ka faɗa. In ka shiga irin wannan wuri kada ka tsaya a tsakiya.

Yaƙinka da sanyi yaƙi ne da gumi. Kafin hawa ka buɗe zif, ka sassauta wuya. Da ka kai sama ka rufe. Ka yi ta motsa yatsun ƙafa a cikin takalmi. Ka sha ruwa ko ba ka jin ƙishi, busasshiyar iskar tana zuƙe jiki ba ka sani ba. Da tsakar rana akan tsaya a hura wuta, a zauna a kan fatu a sha miya mai zafi da kofi.

A rana ta biyu igiyar wuyan ɗaya daga cikin karnukana ta harɗe. Maƙullin ƙarfen ya daskare, siririyar safata ta jiƙe, sai na cire ta na kama ƙarfen da hannu tsirara. Bai fi minti biyu ba. Da muka ci gaba na ji zafi a kan yatsu biyu, can kuma sai zafin ya ɗauke, na ɗauka sauƙi ne ya zo. Da muka tsaya jagora ta ce in nuna mata hannuna. Kan yatsun ya yi toka-toka, ya yi tauri kamar kakin zuma. Ba ta murza ba, ba ta kai ni bakin wuta ba. Ta sa na zura hannun cikin rigata, a hammata, fata da fata, muka tsaya har jini ya dawo da wani irin raɗaɗi mai sa hawaye. Ka riƙe wannan: ɗaukewar zafi ita ce alamar hatsari. A baƙar fata cizon sanyi ba ya fitowa ja ko fari kamar yadda littattafansu ke faɗa, toka-toka yake yi, don haka ka gaya wa jagora da abokin tafiyarka su riƙa duba maka hanci da kumatu. Ba a murzawa, ba a gogawa da ƙanƙara, ba a gasawa a wuta. Wanda kuma ya fara rawar ɗari mara tsayawa, magana tana harɗe masa, sanyi ya shiga cikinsa, a sanar da jagora nan take. Kunya da ta-maza ba su da amfani a nan, wanda ya ɓoye ciwo zai tsayar da tafiyar kowa.

Dajin da kake ratsawa makiyaya ce ta mutanen Sami, masu kiwon barewar arewa da ake kira rendiya, tun kafin a shata iyakokin ƙasashen nan. Amalanken karnuka ba al'adarsu ba ce, su da rendiya suke ja, karnukan ja daga baya suka shigo yankin. A ƙarshen hunturu dabbobin sun rame, matan suna da ciki, kora ɗaya tana iya jawo asara. In kun hango garke ka taka birki, ka riƙe tawagarka, ka jira abin da jagora zai ce. Duk wanda ya san abin da saniya take a wurin makiyayi ba sai an yi masa dogon bayani ba.

In an isa masauki

Masaukin ɗakin katako ne mai gadaje masu hawa biyu, da murhun itace da kyandir. Za ka iso a gajiye, ɗakin kuma sanyinsa ɗaya da waje, amma karnuka ne farko. Ka kwance kowanne, ka cire masa ɗamara, ka ɗaure shi a doguwar igiyar kwana, ka shimfiɗa masa ciyawa in akwai. Ka ɗaga ƙafafunsa ɗaya bayan ɗaya ka duba tsakanin yatsu, ko ƙanƙara ta dunƙule, ko akwai tsaga. Mai rauni gobe za a sa masa 'yar safa. Ka shafa kafaɗunsa, in ya noƙe ka faɗa wa jagora.

Sai a raba aiki. Wani ya yi faskare ya hura murhu, wasu su tafi tafki da bokiti su fasa ramin ruwa, wani ya sassara daskararren nama da gatari. Ana zuba masa ruwan zafi ya narke, a haɗa da busasshen abinci da kitse ya zama romo. Karnukan ja ba sa son shan ruwa zalla a sanyi, ta cikin romon nan suke samun ruwan jikinsu, shi ya sa ake lura da wanda bai shanye nasa ba. Ka tambayi irin naman. In akwai alade a ciki, ka sa safar roba ko ka karɓi aikin ruwa da itace, ba wanda zai ga laifinka. Bayan sun ci a kwashe kashi da shebur. Sannan ne mutane za su ci nasu.

Wanka a ɗakin sirace ake yi, wanda suke kira sauna, inda ake ɗumama ruwa a kan murhu. Mutanen can sun saba shiga tsirara, wani lokaci maza da mata tare. Ka faɗa tun farko cewa kana son lokacinka kai kaɗai ko na maza zalla, abu ne da suka saba ji. Kafin ka kwanta ka zare abin da ke cikin takalmi ka rataye shi sama da murhu tare da safa da safar hannu, kusa amma ba dab da wuta ba. Ka canza zuwa busassun kayan barci, ka sa waya da safar gobe cikin jakar barci. In an ce hasken arewa ya fito, ka daure ka sa kaya ka fita. Karnukan suna nan a dunƙule, hanci a ƙarƙashin wutsiya, wani lokaci kuma sai ɗaya ya fara kuka mai tsawo, duka su amsa, su yi shiru a tare.

Da safe romonsu ake fara ba su, awa ɗaya da rabi ko biyu kafin tashi, don ya narke a cikinsu. A wannan tsakanin ne za ku karya, ku share ɗaki, ku tara faskararren itace da ƙirare a gefen murhu don waɗanda za su zo bayanku, ku ɗaure shara a kan amalanke. Kaya masu nauyi a ƙasa kuma wajen baya, filas da busasshiyar safar hannu a sama inda hannu zai kai. Ka kafa ƙugiya, ka ɗaure amalanke a jikin bishiya, sannan ka fara ɗaura karnuka daga jagorori zuwa na baya, domin na gaba su riƙe igiyar a miƙe.

Ranar ƙarshe karnukan sun san hanyar gida, gudunsu yana ƙaruwa, kai kuma ka saba har ka fara sakin jiki, shi ya sa faɗuwa ta fi yawa a ranar. Ka ajiye ƙafa a kan birki har cikin farfajiya. Ka cire musu ɗamara da hannunka, ka mayar da kowa shingensa, ka gaya wa masu gidan duk abin da ka lura da shi a jikin kowane kare. Kada ka sa jirgin komawa a wannan daren. Ka kwana a Kiruna, ka shanya kayanka, ka duba yatsun hannu da na ƙafa da kyau a cikin haske, in akwai wanda ya yi bororo ko har yanzu ba ka jinsa, ka je asibitin garin kafin ka hau jirgi.